Daga Gaweye zuwa Arlit: Neman Tarihin Gari a Gidan Tarihi na Ƙasa

Masu iya magana sun ce gani ya kori ji. Da wannan hujja ce nake fita da ɗalibaina kowace shekara, idan hunturu ya shigo rana ta yi sauƙi, zuwa Gidan Tarihi na Ƙasa mai sunan Bubu Hama, wanda mutanen Yamai suka fi sani da Muze. Duk malamin da ya taɓa yin irin wannan fita ya san yadda take kasancewa. Da an wuce ƙofa yara sun watse: wasu wajen zaki, wasu wajen dorina, wasu sun tsaya baki buɗe gaban ƙasusuwan dinozor. Zauren uraniyom kuwa shi ne na ƙarshe a lissafinsu, sai malami ya yi da gaske kafin ya tattaro su ciki, domin a ganinsu babu abin kallo a jikin dutse.

A fitarmu ta bara, muna cikin wannan zaure ina bayanin yadda ake fasa dutse a tace shi, sai wata ɗaliba da ba ta cika magana a aji ba ta ɗaga hannu. Ta ce: «Mushe, a Akokan aka haifi uwata, kakana kuma shekara 20 ya yi yana shiga rami. To ina garin yake a nan?» Na ce mata wannan zauren ma'adini ne, an gina shi domin ya nuna arzikin da ke ƙarƙashin ƙasa. Ta yi shiru, amma na ga amsar ba ta gamsar da ita ba, ni ma kuwa ba ta gamsar da ni ba.

Wannan tambaya ce ta sa na yi ta komawa Muze ni kaɗai, ina neman Arlit zaure bayan zaure. Abin da na gano shi ne garin yana nan, amma a warwatse. Wani sashe yana cikin gidan, wani yana bakin ƙofarsa a unguwar Gaweye, saura kuma yana bakin tsofaffin da suka yi aikin, ba a riga an tara shi ba. Shi ne nake so in shimfiɗa wa ƴan'uwana malamai da ƙungiyoyin raya al'adu, ko ya yi amfani ga mai shirin irin wannan ziyara.

Gidan da malami ya kafa

An buɗe wannan gida a 1959, wato kafin Nijar ta sami cikakken ƴancin kai a 1960. Uban tafiyar shi ne Bubu Hama, haifaffen Foneko a 1906, malamin makaranta kuma marubuci, wanda ya shugabanci majalisar dokoki har zuwa 1974. Ya yi aikin tare da Pablo Toucet, masanin kayan tarihi ɗan asalin Sipaniya, wanda ya zama shugaban gidan na farko. A 2008 aka raɗa wa gidan sunan Bubu Hama. Manufar da suka ɗora shi a kai ba ta tsaya ga adana tsofaffin kaya a bayan gilashi ba. Sun so Bazabarme ya zo ya ga ɗakin Buzu, Bahaushe ya ga tufafin Tubawa, Bafulatani ya ga kayan kiɗan Barebari, kowa ya fahimci cewa ƙasa guda ta haɗa su. Shi ya sa a fili ɗaya aka tara zaurukan kayan tarihi, da gidajen gargajiya, da namun daji, da rumfunan maƙera da dukawa da masaƙa.

Zauren uraniyom bai zo ba sai a tsakiyar shekarun 1980. Wannan lokaci yana da muhimmanci ga mai nazari, domin kowane zaure ɗan zamaninsa ne. An gina shi a lokacin da uraniyom yake abin alfaharin ƙasa, saboda haka harshensa harshen injiniyoyi ne: ga samfurin dutse, ga yadda ake haƙo shi, ga yadda ake sarrafa shi. Wannan aiki ya yi shi yadda ya kamata. Mai neman labarin gari da mutanensa kuwa, sai ya fara tun daga zaurukan da ke maƙwabtaka da shi.

Kafin a yi Arlit

An sha faɗin cewa a kan fako aka gina Arlit, wurin da babu kowa babu komai. Zaurukan Muze da kansu suna ƙaryata wannan magana.

Mu fara da ƙasusuwan da yara ke sha'awa. Dinozor ɗin da masana suka raɗa wa suna Ouranosaurus nigeriensis an tono shi ne a Gadufawa, kudu maso gabas da Agadas, kuma ya rayu fiye da shekara miliyan 100 da suka wuce, lokacin da wurin yake cike da koguna da fadamu. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne, masu binciken uraniyom na hukumar makamashin nukiliya ta Faransa, wato CEA, su ne suka yi ta cin karo da waɗannan ƙasusuwa a yawon aikinsu, har aka kira masani Philippe Taquet a tsakiyar shekarun 1960 ya zo ya tono su. Ashe zauren dinozor da zauren uraniyom ɗiyan tafiya guda ne. Ko a ilimin ƙasa ma dangantakarsu ta kusa ce. Uraniyom ɗin Arlit ruwa ne ya wanko shi daga duwatsun Abzin, ya zube shi cikin yashin tsofaffin koguna, yashin ya daskare ya zama dutse fiye da shekara miliyan 300 da suka wuce. Duk inda ka ga uraniyom a wannan yanki, tsohuwar hanyar ruwa kake gani.

Daga nan sai zauren zane-zanen kan dutse. A Dabus, tsakanin Agadas da Arlit, akwai raƙuman dawa guda biyu da mutanen da suka sassaƙa a jikin dutse shekaru dubbai da suka wuce, babban ya haura mita 5. Wanda ya zana raƙumin dawa ya gan shi da idonsa, kuma raƙumin dawa ba ya zama inda babu itace. Wannan shaida ce cewa mutane sun zauna a ƙasar tun tana kore, kuma ba su bar ta ba bayan ta bushe. Makiyayan Abzinawa sun ci gaba da kiwon raƙuma da awaki a kwarurrukanta, ayarin gishiri ya ci gaba da ratsa ta. Itacen Tenere da aka gina wa rumfa ta musamman a Muze, wanda wata babbar mota ta kayar a 1973, alama ce ta wannan zamani na ayari zuwa Bilma. Ku duba shekarar da kyau: itacen da raƙuma suka yi ta wucewa ba su kayar ba, mota ta kayar da shi shekara biyu bayan an fara fitar da uraniyom daga Arlit.

Ko sana'ar ma'adini ma ba baƙuwa ba ce a arewa. A 1353 matafiyin nan Ibn Battuta ya sauka a Takedda, ya ba da labarin yadda ake haƙo jan ƙarfe a narke shi, a yi ƴan sanduna da ake ciniki da su kamar kuɗi, ana kai su har ƙasashen kudu. Masu binciken kayan tarihi sun danganta Takedda da kufan Azelik, kusa da Tagidda mai gishiri a yankin Ingal. A wannan Azelik ɗin ne, a 1957, Faransawa masu neman jan ƙarfe suka ci karo da alamun uraniyom na farko a Nijar. Sun bi sawun maƙeran da ne, suka tarar da abin da ba su zo nema ba.

Garin da aka zana a takarda

Bayan Azelik hukumar CEA ta ci gaba da bincike a yammacin duwatsun Abzin, har ta gano babban ma'adini a wurin da ya zama Arlit, kimanin kilomita 240 arewa da Agadas. A 1968 aka kafa kamfanin SOMAÏR, a 1969 aka fara gina gari, a 1971 aka fitar da kaya na farko daga buɗaɗɗen rami. A 1974 aka kafa kamfani na biyu, COMINAK, wanda ya haɗa gwamnatin Nijar da Faransawa da Japanawa da Sipaniyawa. Shi kuma ƙarƙashin ƙasa ya nutsa a Akuta, zurfin kimanin mita 250, ya fara fitar da kaya a 1978, aka gina wa ma'aikatansa garin Akokan, ƴan kilomitoci kaɗan daga Arlit.

Ga yadda aikin yake a taƙaice, domin malami ya iya bayyana wa yara abin da suke gani a zaure. Cikin tan guda na dutse, uraniyom ɗin da ake samu ƴan kiloli ne kawai, ba su kai 5 ba a mafi yawan lokaci. Sai a niƙe dutsen, a jiƙa shi da ruwan asid mai ƙarfi, a tace, a busar, a sami wani gari mai launin rawaya. Shi ake zubawa cikin durom-durom. Duk abin da ya rage, wato kusan dukan dutsen, tuli yake zama a bayan masana'anta. Wannan aiki yana cin ruwa da wuta ƙwarai. Ruwan daga ƙarƙashin ƙasa ake jawo shi, tsohon ruwa ne da ya taru tun zamanin da ake ruwan sama a can, wanda ba ya komawa yadda yake idan an kwashe. Wutar kuma ita ta sa aka kafa SONICHAR a 1975, domin haƙar gawayin ƙasa a Anu Araren kusa da Cirozerin, aka fara ba da lantarki a 1981. Domin fitar da kayan ne kuma aka shimfiɗa kwalta daga Tawa zuwa Agadas har Arlit, wadda har yau ake kira hanyar uraniyom. Shekara da shekaru manyan motoci suna sauko da durom-durom zuwa Faraku a ƙasar Benin, jirgin ƙasa ya kai Kotonu, jirgin ruwa ya kai Faransa.

Wannan shi ne labarin dutse. Labarin mutane kuwa ya fara ne daga ranar da aka ji a kudu cewa ana ɗaukar ma'aikata a arewa. Shekarun farko na Arlit sun zo daidai da babban farin 1973 da 1974. Makiyayan da dabbobinsu suka ƙare sun gangaro neman aikin gadi da lebaranci. Samari daga Adar da Gobir da Damagaram da ƙasar Zabarma sun hau mota. Ƴan Benin da Togo da Mali da Najeriya sun zo da sana'o'insu: kanikanci, ɗinki, tuƙi, dafa abinci. A cikin wannan taro Hausa ta zama harshen kasuwa da na tasha, Faransanci na ofis, Tamashek kuma harshen masu ƙasa na asali.

Garin gida biyu ya kasu tun daga tushe. Akwai unguwar kamfani, wadda aka zana da ma'auni, gidaje jere bisa muƙami: na manyan jami'ai daban, na matsakaita daban, na leburori daban, da ruwa da wuta da asibiti da kantin ma'aikata. Akwai kuma garin da ya tsiro da kansa a gefe, na waɗanda suka zo ba a kira su ba, suka kafa rumfuna da tabarmi da kwali da buɗaɗɗen durom. Sunan da aka ba waɗannan unguwanni, Bukoki, ba ya bukatar fassara ga mai jin Hausa: jam'in bukka ne. Kalma guda ta riƙe tarihin rabin gari.

Duk da haka, a idon mutanen kudu Arlit aljannar duniya ce. Ina yaro a farkon shekarun 1990, wani kawuna da ke aiki can yakan zo hutu da rediyo mai kaset da atamfofi, gida ya cika da ƴan barka da zuwa. Yakan ba mu labarin kanti mai sanyi inda ake sayar da tuffa da cuku da jirgin sama ya kawo. A lokacin ma yana cewa ai mun makara, ba mu ga Arlit ta gaskiya ba. Wannan suna da garin ya yi shi ne Idrissou Mora-Kpai, ɗan ƙasar Benin, ya ɗauka ya raɗa wa fim ɗinsa na 2005, «Arlit, deuxième Paris», wato Paris ta biyu, ko da yake abin da fim ɗin ya nuna shi ne garin bayan kasuwa ta watse.

Abin da ke bakin ƙofa

Yanzu, ya kai mai karatu, mu fito daga Muze mu gangara wajen kogi, domin zaure mafi girma na tarihin Arlit ba shi da rufi.

Bayan tashin farashin man fetur a 1973, ƙasashen Turai sun karkata ga wutar nukiliya, Faransa ce kan gaba. Shugaba Diori Hamani ya ga dama ta samu, ya nemi a ƙara wa Nijar kuɗin uraniyom ɗinta. An zauna tattaunawa da Faransawa a Yamai cikin watan Maris na 1974, aka tashi ba a daidaita ba. Ranar 15 ga Afrilu sojoji ƙarƙashin Seyni Kunce suka kifar da gwamnatinsa. Sojojin sun kafa hujja da yunwa da yadda aka yi da kayan agaji, masana tarihi kuma har yau suna muhawara a kan rawar da zancen uraniyom ya taka. Abin da babu gardama a kansa shi ne farashi ya hau sosai a shekarun da suka biyo baya. A wajen 1980 uraniyom ya haura kashi 70 cikin 100 na abin da Nijar ke sayarwa waje, a 1981 kuma abin da aka fitar ya wuce tan 4,000.

Da wannan kuɗi aka gina makarantu da asibitoci da hanyoyi, aka sauke wa talaka harajin kai. Da shi kuma aka sāke fuskar Yamai. Tsaya a gindin gadar Kennedy ka waiwaya: ga otel ɗin Gaweye, ga Fadar Taro, wato Palais des Congrès, ga dogon ginin da aka yi wa ONAREM, hukumar da ke riƙe da hannun jarin gwamnati a ma'adinai tun 1976 kafin SOPAMIN ta gaje ta a 2007. Duka ɗiyan wannan zamani ne, tsakanin ƙarshen shekarun 1970 da farkon 1980. Idan ɗalibi ya tambaye ka ina kuɗin dutsen da ya gani a zaure suka tafi, nuna masa da yatsa, wani kaso yana tsaye gabansa.

Amma wannan wuri ma ba fako ba ne kafin a yi gine-ginen. Gaweye tana cikin tsofaffin unguwannin da suka haifi Yamai, tare da irin su Mawrey da Kalley da Zongo, tun kafin Turawa su maido da babban birni daga Damagaram a 1926. Sunan daga Zabarmanci yake, yana nufin maharba. Gidajen ƙasa ne a bakin kogi, da mutanensu da kwale-kwalensu. Da aka tashi yin manyan gine-gine sai aka tashe su, aka mai da su nesa da ruwan da suka saba da shi. Sunan unguwa ya koma kan otel, har yau yaro a Yamai idan ya ji Gaweye bene yake tunawa, ba maharba ba.

A nan ne na fahimci cewa Gaweye da Arlit, duk da nisan kusan kilomita 1,200 da ke tsakaninsu, labarinsu ɗaya ne. Dutse guda ya kafa gari a arewa ya tashi unguwa a kudu. Can an ɗauki makiyayar Abzinawa kamar ba ta kowa ba, nan an ɗauki bakin kogin maharba kamar fili. A duka wuraren biyu abin da aka gina ana ganinsa, waɗanda suka matsa aka gina kuwa sai an tambaya.

Bayan kasuwa ta watse

Daɗin bai daɗe ba. Haɗarin tashar nukiliya ta Three Mile Island a Amurka a 1979, da na Carnobil a 1986, sun sanyaya gwiwar masu gina tashoshi, farashi ya faɗi. Nijar ta wayi gari da bashin da ta ci bisa tsammanin kuɗin gobe. A Arlit aka shiga rage ma'aikata, waɗanda aka sallama da yawa ba su koma garuruwansu ba, suka ƙaura daga unguwar kamfani zuwa Bukoki. Karyewar darajar sefa a Janairun 1994 ta ƙara tsananta rayuwa.

Ruwa ba ya tsami banza. Tawayen arewa na farko, wanda ya ƙare da yarjejeniyar 24 ga Afrilu 1995, da na ƙungiyar MNJ tsakanin 2007 da 2009, duka sun sanya rabon arzikin ma'adinai cikin koke-kokensu. Dokar ma'adinai ta 2006 ta ware kashi 15 cikin 100 na kuɗin da gwamnati ke samu domin ƙananan hukumomin yankin da ake haƙa. Bayan haka garin ya ga satar mutum 7 masu aiki da kamfanonin ma'adinai a Satumbar 2010, da harin bam na 23 ga Mayu 2013.

Sai kuma zancen lafiya. A farkon shekarun 2000 wani ma'aikacin ma'adinai, Almoustapha Alhacen, ya jagoranci kafa ƙungiyar Aghirin'man. Ita ta gayyato masu auna tururin nukiliya na ƙungiyar CRIIRAD daga Faransa a ƙarshen 2003, Greenpeace kuma ta fitar da nata rahoto a 2010. Sun ba da rahoton samun tsofaffin ƙarafa masu tururi a kasuwa, irin waɗanda maƙera ke saye su ƙera kayan gida, da duwatsun rami da aka yi cikon hanya da su a Akokan. Kamfanonin sun musanta wasu zarge-zargen, sun kwashe wasu kayan, an kuma kafa cibiyar sa ido kan lafiyar tsofaffin ma'aikata a yankin Agadas. Amina Weira, ɗiyar wani tsohon ma'aikacin rami, ta ɗauki wannan damuwa a fim ɗinta na 2016, «La Colère dans le vent», inda ta bar mutanen garin suka yi magana da bakinsu.

Ranar 31 ga Maris 2021 aka rufe ramin Akuta, bayan ya ba da kimanin tan 75,000 cikin shekara 43. Ma'aikata kusan 600 suka rasa aiki, ban da ƴan kwangila. An bar ɗaruruwan kilomita na hanyoyin ƙarƙashin ƙasa, da tulin dusar dutse mai tururi da aka ƙiyasta tan miliyan 20. A Yunin 2024 gwamnati ta janye izinin Imuraren daga hannun Orano, kamfanin da a da ake kira COGEMA sannan Areva, a Yunin 2025 kuma ta ba da sanarwar mai da SOMAÏR mallakar ƙasa. Wani babi ya rufe, wani ya buɗe. Amma garin da ƙidayar 2012 ta samu da mutum kusan 80,000 yana nan, da jikokin waɗanda suka kafa shi.

Abin da ya rage gare mu

Ba mu ne farkon masu garin ma'adini ba. A arewacin Faransa, ƙasar gawayin da Emile Zola ya siffanta a littafinsa «Germinal» na 1885, wanda da yawa cikinmu muka koyar a aji, an rufe rami na ƙarshe a Disambar 1990. Amma tun 1984 sun riga sun buɗe gidan tarihi a wani tsohon rami a Lewarde, suka ɗauki tsofaffin mahaƙa su zama ƴan rakiyar baƙi, suka tara fitilu da takardun albashi da muryoyi. A 2012 UNESCO ta sanya yankin duka cikin kayan gadon duniya. Ba su jira mai labari ya mutu ba. Kusa da mu kuma ga Jos a Najeriya, garin kuza, inda dubban Hausawa suka yi lebaranci. A ramukan kuza aka tsinci gumakan yumɓu na Nok, su ne kuma suka zama tushen gidan tarihin Jos da aka buɗe a 1952. Can ma, kamar a Gadufawa, mai neman ma'adini ne ya tono tarihi.

Mu kuwa lokaci yana ƙure mana. Saurayin da ya shiga aiki a Arlit a 1971 yana da shekara 20, yau ya haura 70. Da yawa sun riga mu gidan gaskiya, kawuna yana cikinsu. Da aka buɗe akwatinsa an sami hular kwano, da katin aiki mai hotonsa yana saurayi, da takardun albashi ɗaure da zare. Babu wanda ya taɓa zaunar da shi ya tambaye shi yadda ranarsa ta farko a wurin aiki ta kasance, har da ni da nake kiran kaina malami. Wannan laifin nawa ne, ba na wata hukuma ba.

Saboda haka ga shawarata. Ta farko ga malamai: idan za ku kai yara Muze, kada ku bar zauren uraniyom ya zama na ƙarshe kuma shi kaɗai. Ku bi da su daga dinozor zuwa zanen dutse, zuwa itacen Tenere, zuwa uraniyom, sannan ku gangara Gaweye ku ƙarasa darasin a tsaye. Ta biyu: babu babban gari a Nijar da ba shi da tsohon ma'aikacin Arlit, ko matarsa, ko direban da ya yi hanyar Faraku. Kowane ɗalibi na iya ɗaukar muryar mutum guda da wayar salula, da izininsa, cikin harshen da ya fi sakewa da shi, a rubuta a aji da Hausa, a fassara zuwa Faransanci. Darasin harshe ne da na tarihi a lokaci guda, kuma tun da dokar ƙasa ta 2025 ta ɗaga Hausa zuwa matsayin harshen ƙasa, babu abin da ya fi dacewa a fara rubutawa da ita kamar tarihin talakawanta. Kada a manta da mata: su suka riƙe Bukoki da tuwon sayarwa da wankau da ɗibar ruwa. Ta uku ga ƙungiyoyin al'adu: su tara abin da aka samu, da hotuna da kayan aiki da iyalai suka yarda su bayar, bayan masana sun auna duk wani ƙarfe da ya fito daga ma'adini, su miƙa wa Gidan Tarihi na Ƙasa, su kuma yi fafutukar ganin an buɗe gidan tarihi a Arlit kanta. Haka nan a nemi dattawan tsohuwar Gaweye a ji nasu, ko da allo guda ne a kafa a bakin kogi mai faɗin waɗanda suka zauna a wurin.

Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Ɗalibar nan tawa na ba ta aikin hutu, ta je ta zauna da kakanta. Ta dawo da shafi 6 da rubutun hannu. A ciki ya gaya mata sunayen abokan aikinsa na rukuni guda, mutum 8 daga garuruwa 6, da yadda suke raba goro kafin su nutsa, da yadda idonsa ke yi idan ya fito ya tarar da rana. Ya ce cikin takwas ɗin su biyu suka rage. Na ajiye takardun a cikin jakata, ina jiran ranar da za a sami zauren da zan kai su.

Allah ya jiƙan waɗanda suka rigaye mu, ya ba mu ikon sauraron waɗanda suka rage.